Rogon Mainasara a Gonar Nagoggo

Nagoggo mutumin wani ƙauye ne a gefen garin Babban Mutum, gajere, mai saurin fushi, ko jakinsa ya san ranar da ba a yi masa taurin kai. Gona ɗaya ya gada daga mahaifinsa. Shekarar da ya daɗe a cirani, maƙwabcinsa Mainasara, dillalin shanu, ya tura shinge ya haɗe ta da tasa.

Aka je kotu, alƙali ya ba Nagoggo gaskiya. Sai Mainasara ya durƙusa ya ce, "Allah gafarta Malam, gerona na ciki. A bari in girbe." A ƙasarmu ba a raba mutum da abin da ya shuka, don haka aka ce ya kwashe amfaninsa ya fita.

Nan fa mugun ya samu ƙofa. Kafin gero ya nuna, ya shuka wake a ƙarƙashinsa. Kafin a rore wake, ya dasa rogo, shi kuwa rogo sai ya shekara a ƙasa. Kotu ta aika sammaci, aka ce ya tafi Kongolam. Ta sake aikawa, aka ce yana kwance, alhali ranar an gan shi a kara yana cinikin bijimi. Damina ta zo ta wuce, wata ta biyo, Nagoggo na ƙwadago a gonakin mutane.

Ranar da ya ga ana sake dasa rogo, ya shiga gida ya saɓi fartanya. Matarsa Hajo ta riƙe masa riga.

"Malam, don girman Allah ka koma wa alƙali."

"Alƙalin da ya yi magana aka mai da shi ɗan iska? Sake ni!"

Ya faɗa gonar yana tumɓuke rogon yana jifa da shi. Barorin Mainasara suka yo kansa da sanduna. Na farko ya sha ƙota a goshi, jini ya rufe masa ido. Sauran suka kayar da Nagoggo suna ta jibga, yana zaginsu ƙasa cike da bakinsa. Ya kai hannu zai jawo fartanyar, wani ya sauke masa adda a wuyan hannun dama. A asibiti a Daura aka ƙarasa yanke hannun.

Abin da har yau yake ƙona mini rai, a makon nan 'yan sanda suka kama Mainasara da laifin raina kotu, aka tuge rogon kakaf. Ashe ana iyawa.

Da ruwan shuka ya sauka, Hajo ce ta riƙe sungumi tana sara. Nagoggo na biye da ita, yana zuba iri da hagu yana rufewa da diddige. Masu wucewa suna yi masa barka da samun gona, shi kuwa kansa na ƙasa, yana ta zuba irinsa.