Ƙofar Baya ta Gidan Shehu

Khumra zuwa Mahjar

Na bar unguwar Khumra ta Jidda bayan sallar asuba a motar kafilina, wato ubangidana, na nufi unguwar Mahjar ɗauko Gwaggo Hure. Ta tsufa, idanunta sun dushe, kuma burinta guda ne: ta sake shiga gidan da aka haife ta kafin ta mutu. A hanyar Hajji aka sayar da mahaifiyarta. Wani malami da ya ƙare rayuwarsa yana wa'azi kan cinikin mutane ya fanshe ta, ya 'yanta ta. A gidansa aka haifi Gwaggo, kuma Shehu kawai take kiransa.

A shingen bincike ɗan sanda ya duba iƙamata, takardar izinin zama, ya dubi Gwaggo, ya yi mana alamar mu wuce, ya ce, "Yalla."

Tsohon gari

Muka karya da dafaffen waken ful da shayi, muka kutsa lungu. Na ɓata hanya har na fara jin kunya, ni da nake cika baki na san Jidda. Da ƙyar muka samu gidan, an gyara shi tsaf, an shafe tagogin katakon da kore. Mai gadi ya zagaya da mu: ga ɗakin karatun Shehu, ga buzunsa, ga inda yake zaunar da masu bayi yana roƙonsu.

Gwaggo ta shafa bango ta ce, "Ɗana, ba nan ba ne."

"Gwaggo, ga allo an rubuta."

"Allo ne ya haife ni?"

Kaina ya ɗaure. Ko ni na ɓata, ko ita ta manta, ko hukuma ta gyara gidan wani. Muka fito jiki a sanyaye. Don gudun rana na bi da ita ta lungun baya, sai ta tsaya cak a wata 'yar ƙofa da aka jingine tsintsiya. Ta durƙusa, ta laluba dutsen dokin ƙofar, ta sami wani kwarmi.

"Nan Inna take niƙa barkono. Gidan ne. Ta nan muke shiga."

"To ba ya 'yanta ku ba?"

"Ya 'yanta mu, Allah ya jiƙansa. Amma ƙofar gaba ta baƙi ce."

Na rasa ko in yaba masa ko in ji haushinsa, har yanzu ban sani ba.

Komawa

Ta ce in mayar da ita ƙofar gaba. Ta gyara mayafi, ta yi sallama da ƙarfi, ta ƙi motsi har sai da mai gadi ya yi mata iso da Larabci, "Tafaddali, ya Hajja." Sannan ta shiga.

Mun iso Mahjar da la'asar, mun gode Allah. Da zan tafi ta riƙe hannuna ta ce, "Halas, shi ke nan. Na shiga wa Inna."