Matar da ke tare min waya

Ina shiga biron kamfanin salula, na tarar da ma'aikaciya riƙe da wasiƙar da na aika musu tana dariya. Malam Idi na tasha ne ya rubuta min ita, cewa su kori matar nan da ke tare ni da Faransanci in na kira ɗana Sani a Kotonu.

Ta ce, "Baba, ai na'ura ce. Cewa take wayarsa a kashe take."

Na ce, "Wata huɗu, yarinya? To me ya sa ba ta tare ni in na kira mai taki a Yelu?"

Sai ta daina dariya.

Ni dai Sani ba zai kashe min waya ba. Jama'a, wa ya ɗauki matar nan aiki?