Fim ɗin da Baba Modu ke ƙarasawa da bakinsa

Shekara tara ke nan da muka kai mahaifinmu, Baba Modu, makwancinsa. Ana tambayata ko har yanzu da zafi. Gaskiya ba zafi ba sanyi, kamar ƙafar da aka daɗe ana zaune a kanta.

Baba dillalin busasshen kifi ne a Baga Road, kuma kallo bai dame shi ba. Sai wani tsohon fim ɗin Koriya marar kala, wanda maƙwabcinmu Malam Ishaku, akawu mutumin Biu, ya ara masa kaset ɗinsa, bai kuma sake ganin kayansa ba. Baba ko kalma ɗaya ba ya ji a ciki. Amma kowace Juma'a in an sauko daga masallaci sai ya tara mu, mu shida, shi ne tafinta. A fim ɗin, wani iyali ne zaune a ƙasa, abinci a gabansu, ba mai miƙa hannu sai babba ya fara.

"Kun gani ko?" in ji shi. "Wallahi waɗannan Kanuri ne, ɓatan hanya suka yi."

Kaset ɗin ya lalace daidai inda 'ya'yan suka tafi birni. Nan Baba yake kashe bidiyo ya ƙarasa da bakinsa: wai sun dawo, sun gyara gidan ubansu. Bara 'yata ta nemo mini fim ɗin a waya. Ashe ba su dawo ba. Na kalla har ƙarshe, na tashi na yi alwala.

Mu ma mun watse, wasu Abuja, wasu Kano. Gidanmu na Gomari yoyo yake yi, ga wani mai son ya saya ya rushe shi ya gina shaguna yana ta zarya. Ni ne babba, ni kaɗai nake cewa a'a, har bakina ya gaji. Me Baba zai ce da ya gan mu? Ban sani ba.

Makon jiya muka hallara a tsakar gidan, takardar sayarwa a kan tabarma. Ƙanwata Yagana ta turo mini biro.

"Bismillah, Yaya."

"Ku da kuke so, ku fara."

"Haba Yaya! Kana zaune?"

Na dube su. Su biyar, masu furfura da masu digiri, kowa ya naɗe hannu yana jirana. Abin da ya rage mana na Baba ke nan, kuma ya kama mu da kyau. Na ɗauki biron na sa hannu, sannan suka bi ɗaya bayan ɗaya.