Muryar Malam da Shanyar Gyaɗa

Duk wanda ya san Malam ya san ba ya iya magana sai da abu a hammata. Shekarun da ya yi yana jagorantar makaɗa, daga Bici har ƙauyukan Watari, da kalangu a maƙale, su suka ja masa. Ni Tabawa, matarsa, ban iya rubutu ba, faɗa nake ana rubutawa. In na yi kuka ku ƙyale ni. Abin da ke damuna tun rasuwarsa, muryarsa ta fara ɓace mini. Mutum ya bar muryoyi birjik, amma babu tasa ko ɗaya!

Tun muna da ƙuruciya yake wannan shaƙiyanci na kwaikwayon muryar mutane. Wata rana na ji sallamar Innata daga zaure, wai ta gaji, a kawo mata abin sha nan. Na zabura na dama fura da kindirmo. Ina leƙawa, Malam ne ya miƙe ƙafa.

"Haba Malam! Tsakani da Allah?"

"To da na yi sallama da tawa, ai da tsala za ki dama."

Da masu sifiku suka ƙwace bukukuwa, yaransa suka watse, wasu noman rani, wasu acaɓa. Bai zauna zaman makoki ba. Ya nufi gidan rediyo a Kano, ya zama Gwaggo Asabe, tsohuwa mai gulma. Nan fa na shiga uku! Abin da aka faɗa a bakin rijiya ranar Talata, ran Juma'a yana rediyo. In na doso da guga sai mata su ce, "Ku yi shiru, ga eriya ta iso!" Ni kuwa hira kawai nake masa in muna cin tuwo.

Da furfurarsa masu katun na yara suka ba shi muryar jaki. Sai ya riƙa bin jakin maƙwabcinmu har gona, yana kasa kunne.

"Malam, girma fa ya kama ka."

"Ke dai bari. Malamina ne yanzu. Ba ya zagi, harbi kawai."

Can wurin ɗaukar murya suka ce ƙarar kalangu na shiga na'ura, a ajiye. Ya kasa cewa uffan. Washegari ya tafi da matashin kaina a hammata, kuma har yau ban sake ganin matashin ba.

Yanzu jikoki kan kunna waya su ce, "Hajiya, ga Kaka!" Sai in ji jaki. In yi dariya, in shiga ɗaki in yi kuka.

Makon jiya ɗaya daga masu katun ya zo ta'aziyya. Ya ce akwai wata ɗauka da suka yar saboda tsawa ta shiga ciki, ko ina son ji? Ya kunna. Jaki na tsakiyar surutu sai tsawa, sai shiru. Sai Malam, shi kansa, a hankali:

"Ruwa ke nan. Allah ya sa Tabawa ta sa an kwashe shanyar gyaɗa. Kada ta ɗauka da kanta, ga ƙafarta."

Ban kwashe ba, Malam. Barci nake, ta jiƙe sharkaf.

Allah ka jiƙan bawanka. Ka yafe masa, ka haskaka makwancinsa. Ranar da za ka haɗa mu, ya yi mini sallama da tasa.