Ranar da Inna Ta Yi wa Matan Faransa Gyaran Wanki

Ko tsufa ya cinye min tunani, ba na jin zan manta yammacin da na kai Inna kallon fim a unguwarmu ta Gorton.

Jegon ɗana na fari ya kawo ta Manchester. Matar da a garinmu na bakin Kogin Neja ake jiyo muryarta tun daga zaure, sai ga ta ta yi gum, ta ƙi fita, tuwo ma tsakura take yi. Zancenta ɗaya ne, a saya mata tikiti. Yayana da ke Birmingham ya ce min ta waya, "Bar ta ta koma, kada ta kwanta mana ciwo." Gaskiya ya faɗa, amma ina tsoron a bar ni ni kaɗai da jariri.

Lokacin gwamnati na tsuke bakin aljihu, za a rufe laburaren unguwarmu, sai aka shirya kallon fim na bankwana kyauta a can. Da ƙyar na jawo ta. Ashe tsofaffin gajerun finafinan Faransa ne a kan rayuwar mutanen bakin kogi. Na ce a raina na yi wahalar banza.

Sai ga mata a cikin fim ɗin a durƙushe bakin ruwa suna bugun wanki da katako. Inna ta gyara zama.

"Ke, waɗannan Turawa ne?"

"Su ne, Inna."

"Su ma suna da ƙauye?"

Kafin in amsa, aka nuno wata tana ɗauraya a ƙasan masu saɓa sabulu. Inna ta ɗaga murya: "Baiwar Allah, koma sama! Da kumfar 'yar'uwarki kike ɗauraya!" Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Wata tsohuwar Baturiya ta tambaye ni me aka ce. Da na fassara mata, ta yi dariya har da hawaye.

A hanya tambayoyi suka ɓarke. Akwai kada a ruwansu? Wane kifi suke kamawa? Can ta ja ta tsaya.

"Garin nan ba shi da kogi ne?"

"Akwai mana."

"Shi ne kika kulle ni a ɗaki kamar kaza a akurki? Gobe ki kai ni."

Ba ta sake zancen tikiti ba har yaron ya fara zama. Tun ranar na gane cewa mai kewar gida ba lallashi yake nema ba. Nuna masa abu ɗaya da ya sani, ya samu abin da zai gyara wa mutane.