Harbin da Aka Ji da Muryar Barmo

Alhamdu lillahi, yau ina iya ba da labarin ga har da dariya. Da watan jiya aka tambaye ni, wallahi kuka za a sha.

Ni ce Tsahara mai tuwo a bakin tashar Konni, Barmo kuwa ƙanena ne, uwa ɗaya uba ɗaya. In ka taɓa shiga motar Illela ko ta Malbaza daga tasharmu, to ka san shi ko da ba ka ga fuskarsa ba, don shi ne ɗan kamashon da ke kiran fasinja. Gajere ne, yana ɗan jan ƙafa, amma muryar da Allah ya zuba masa ta ishi mutum uku. Tun muna yara a Bazaga haka yake. Shi ake turawa korar tsuntsaye in gero ya fara nuna, in ya kwarara ihu har gonakin maƙwabta sai sun amfana. Da ya tasa ya kama amalanke yana kai wake kasuwa, jakin ma da baki yake tuƙa shi. Daga baya ya biyo ni Konni, ya auri Husna, Allah ya ba su 'ya'ya, ya samu wuri a tasha. Ba shi da gona babba, ba shi da mota. Muryar nan da yardar mutane su ne duk jarinsa.

Shekarun baya babur ya kayar da shi, ƙafa ta karye, ya daɗe bai iya tsayuwa ba. Zaman jinyar nan ne ya kai shi shagon wani matashi, Maman Sani, da ke bayan tasha, wani ɗaki mai tele manya da akwatunan wasa, inda maza ke sanya abin ji a kunne mai ɗan makirfo a baki, suna wasan harbe-harbe da mutanen da ba su taɓa gani ba, wani a Yamai, wani a Sakkwato. Ƙafa ta warke, wasa bai warke ba. Kullum bayan la'asar, in motoci sun yi sauƙi, can za ka same shi.

Na yi faɗa har na gaji. Na ce, "Kai Barmo, da furfura a gemu kake harbin aljanun tele?"

Ya ce, "Yaya, ba na shan taba, ba na caca. Ki bar min wanga ɗaya."

Abin haushin ma, bai iya harbin ba! Abokan wasansa sun ce in ya saita gabas, yamma yake samu. Suna riƙe da shi ne don shi ke ganin inda abokan gaba suka ɓuya, shi ke ba da umarni, kowa na bi.

To akwatin wasan nan yana da wata ɗabi'a da Barmo bai sani ba. Duk lokacin da wasa ya yi zafi, aka kayar da mutane a jere ko aka ci nasara, da kansa yake yanke wurin ya ajiye, hoto da ƙarar bindiga da duk abin da aka faɗa cikin makirfo, ba tare da kowa ya taɓa komai ba. Maman Sani ne ya kunna masa hakan, don yana tura wa 'yan wasa guntayen a waya su yi alfahari, shi kuma shagonsa ya yi suna.

Ana haka sai aka kore shanun wani dattijo, Malam Munkaila, a wani ƙauye bayan Tajaye. Mutane da bindigogi suka zo, suka tafi da garken duka. Ba a kashe kowa ba, amma tsoro ya shiga ko'ina.

Ba a jima ba wata murya ta fara yawo a wayoyi. Ni wani mai cin tuwo ne ya kunna ta a gabana, yana cewa ga ɓarayin shanu an kama maganarsu. Na ji harbi ta-ta-ta, sannan na ji an ce, "Ku zagaya ta bayan gida! Kada ku bar ko ɗaya! Ga shi nan ya ɓuya, harbe shi! Ku kwashe mu tahi!"

Ludayi ya suɓuce daga hannuna. Ko cikin barci aka kunna min na san muryar ƙanena. Kuma ba ni kaɗai ba, duk wanda ya taɓa tsayawa a tashar Konni ya san ta.

Ban zarge shi ba ko na ƙiftawar ido, mutumin da ko kaza sai ya kai wa maƙwabci ya yanka masa. Amma tsoro kam na ji shi. Washegari ya tsaya yana kiran Illela, mutane suna ja da baya da kayansu. Wata mata ta janye ɗanta daga kusa da shi ina kallo. Yana cewa wasa ne, wasan tele ne, ana ce masa to ina telen? Murya kaɗai ce a wayar, ba hoto. Kafin azahar shugaban sandika, wato ƙungiyar direbobi, ya kira shi gefe ya ce ya je gida ya huta tukuna. Sai labari ya zo cewa mutanen ƙauyen za su kai sunansa wurin jandarma, samarinsu kuma sun ce kada Allah ya haɗa su da shi a hanya.

Barmo ya shige ɗaki ya yi shiru. Husna ta zo ta same ni ido jawur, ta ce, "Yaya, ko ruwa sai na matsa masa. Gidan ya zama kamar ba kowa."

Raina ya ɓaci. Na rufe tukunya, na ɗaura mayafi a ƙugu, na nufi shagon Maman Sani da tsakar rana. Na tarar da ƙofa a saye, shi kaɗai a ciki, gumi na zuba, yana latse-latse gaban tele.

Na ce, "Mi kake yi?"

Ya ce, "Tanti, gogewa nake. Duk abin da akwatin ga ya ajiye zan share shi, kada a zo a ce da ni aka haɗa baki."

"Ya ajiye mi?"

Nan ne ya yi min bayanin ɗabi'ar akwatin. Ban san sadda na fizge abin latsawar daga hannunsa ba. Na ce, "Kai wane irin sakarai ne? Shaidar ɗan'uwana ce kake sharewa! Wallahi ka ƙara goge ko ɗaya, ni da kai ne a garin ga."

Ya riga ya share da yawa, ya fara daga na baya-bayan nan yana komawa baya. Muka zauna muna buɗe waɗanda suka rage ɗaya bayan ɗaya, ina salati a zuci. Wannan ba shi ba ne, wancan ba shi ba ne, duk ihun Barmo ne amma kalmomin daban. Har na fara fid da rai sai na ji, "Ku zagaya ta bayan gida!" Ga hoto ɓaro-ɓaro. Na zauna a ƙasa daɓas, na ce Allah na gode maka.

Ashe wasan tun kafin satar shanun aka yi shi. Maman Sani ya tura wa wani abokin wasansu, rezo, wato layin waya, ya ƙi ɗaukar bidiyo, sai aka cire sautin kaɗai aka aika. Daga hannu zuwa hannu, wani ya yanke ƙarshensa, wani ya laƙa masa labarin shanu. Har yau ba mu san ko wane ne ba, na bar shi da Allah.

Maman Sani ya ce bari ya sa bidiyon a waya a watsa. Na ce a'a. Waya ce ta kawo mana masifar ga, gobe a ce a waya aka haɗa. Akwatin da kansa zai je ya yi magana.

Shugaban sandika ya aika wa mai garin ƙauyen cewa muna tafe, aka ce mu zo ba abin da zai same mu. Wani direba, Rabi'u, ya ce shi zai kai mu. Muka naɗe tele cikin bargona, muka ɗora akwati da ƙaramin janareto. Barmo ya zauna kusa da ni a mota. Ya ce, "Yaya, in ba su yarda ba hwa?" Na ce masa ya rufe min baki, alhali tambayar da ke cina ke nan.

Mun tarar da mutane cike a ƙofar gidan mai gari, samari a tsaye a baya, ba mai fara'a. Muka gaishe da mai gari. Aka nuna mana Malam Munkaila, dogon tsoho siriri, yana zaune da waya a hannu, bai ko dubi inda Barmo yake ba.

Janareto ya tashi. Maman Sani ya kunna. Sai ga wasu sojojin zane suna gudu cikin rusassun benaye, a wata ƙasa da ƙanƙara ta rufe fari fat, ga muryar Barmo tana tashi a kansu. Mai gari ya matso da kujerarsa, ya ƙura ido, ya ce, "To wanga dai ba garinmu ba ne."

Wani saurayi daga baya ya ce ai ana iya ɗora murya a kan hoto. Mai gari ya ce a sake kunnawa, Malam Munkaila ya kunna ta wayarsa a lokaci guda. Aka yi haka. Harbi ya faɗa kan harbi, kalma kan kalma, duk inda ɗan sojan tele ya ɗaga bindiga nan ƙarar take fita. Ta wayar ta ƙare a kan "Ku kwashe mu tahi!" Ta tele kuwa ta ci gaba. Aka ji Barmo ya ƙyalƙyale da dariya, ya ce, "Mun ci su! Kai Maman Sani, wa ya shanye min shayina?"

Wani tsoho ya fashe da dariya, sai wuri ya ɗauka, har samarin nan na baya. Na ji kamar an sauke min buhun gero daga ka. Barmo ya sunkuyar da kai, hawaye na ɗiga a kan gwiwarsa.

Malam Munkaila kaɗai bai yi dariya ba. Ya daɗe yana kallon wayar da ke hannunsa, sannan ya ce a hankali, "To shanuna hwa?"

Sai a lokacin na gane cewa muryar nan ita ce kaɗai abin da tsohon ya riƙe yana sa ran ganin dabbobinsa, mu kuma mun zo mun karɓe. Tausayinsa ya kama ni ƙwarai, ni da na taho da niyyar gaya masa magana.

Barmo ya matsa ya durƙusa gabansa, ya ce, "Baba, Allah ya mayar maka da alheri."

Tsohon ya dube shi karo na farko. Ya ce, "Yaro, ni na fara kiran sunanka a bainar jama'a. Waya ta kai maganar inda ƙafata ba ta kaiwa. Amma inda ƙafar ke kaiwa, zan je. Ka same ni Illela ranar kasuwa."

Na bi Barmo ranar, don hankalina bai gama kwanciya ba. Muka tarar da Malam Munkaila a bakin kasuwa yana jira. Bai yi dogon zance ba, ya kama hannun Barmo ya riƙe, suka shiga. Suka bi ta 'yan hatsi, suka bi ta 'yan tebur, suka ratsa kasuwar dabbobi inda kowa ya san tsohon da abin da ya same shi. Tafiya suke a hankali saboda ƙafar Barmo. Duk wanda ya tsayar da su, tsohon sai ya ce, "Ɗana ne. Ba shi ba ne, ni na zalunce shi." Ya faɗa har muryarsa ta dushe, bai saki hannun ba sai da suka fito inda motoci ke lodi.

Muna tsaye muna sallama sai ga wata mata da ban sani ba, tana jaye da 'yar yarinya mai ƙullin kaya a ka. Ta ce, "Kai ne Barmo na tashar Konni ko? Yawwa. Ga ɗiyata za ta Konni wurin kakarta, ni ba ni samun zuwa. Ka zauna kusa da ita a mota, in kun isa ka miƙa ta hannun kawunta. Amana ce na ba ka."

Barmo ya matso. Ya sauke ƙullin daga kan yarinyar ya rungume, ya kama hannunta. Ni kuwa na juya musu baya ina share fuska da bakin mayafi, don ban so ya gan ni ba.