Mai Org na Bayan Bango

A Makka akwai matan da suka haihu har suka aurar da 'ya'ya ba su taɓa ganin fuskar Mukhtaru ba, amma da ya ɗora yatsu a kan org ɗinsa sun san shi ne. Org shi ne fiyanon nan na lantarki da ake saɓawa a kafaɗa a kai gidan biki. Kusan shekara arba'in ya yi yana kaɗa shi a bukukuwan mata. Tunda namiji ba ya zama a zaurensu, kullum wani ɗan ɗaki ake ba shi a bayan bango, waya ta ratsa ta kai sautin ciki. Bai taɓa ganin mai rawa ko ɗaya ba. Yakan ce babu bangon ɗakin biki a garin nan da bai san tsagarsa ba.

A unguwar Nakkasa ta Makka aka haife shi, can saman dutse inda mota ba ta kaiwa, sai matakala. Kakansa ya taho hajji a ƙasa daga wajen Kano, bai koma ba. Ubansa mai tsire ne a unguwar Mansur, kuma ya so ɗan ya gaji tukubar. Mukhtaru ya ce hayaƙi na sa shi tari, ya tattara ya tafi Jidda, ya sami tuƙin motar wani shagon kayan kiɗa. Aikin ya haɗa shi da wani tsoho mutumin Asmara mai gyaran fiyano, wanda yake kaiwa gidajen Turawan kamfanoni. In tsohon ya gama ɗaure wayoyin fiyano sai ya zauna ya gwada, kuma da kiɗan jaz yake gwadawa. Ranar farko Mukhtaru yana jingine da mota yana jira, bai san lokacin da ya tsinci kansa a bakin ƙofar falon mutane ba.

Tsohon ba mai yawan magana ba ne. Abin da ya koya masa bai wuce abu ɗaya ba: hannun hagu ƙafa ne, tafiya yake yi, ba ya tsayawa, hannun dama kuwa baki ne, ya faɗi abin da ya ga dama, muddin su biyun za su isa gida tare. Sauran Mukhtaru ya tsinta a kaset, yana ji yana mayarwa baya har zaren ya tsinke.

Ranar da ya hau matakalar Nakkasa da org a nannaɗe cikin bargo, ubansa ya ce ya zaɓa, ko abin ko gidan. Mukhtaru bai ko sauke shi daga kafaɗa ba. Ya juya ya gangara gidan yayarsa Fatsuma, wadda ita dama an daɗe da sallama ta, don waƙa take yi a bukukuwa tare da matan da ke buga bandiri.

Fatsuma ce ta zama idonsa. Babban aikin makaɗin biki a nan shi ne zaffa, wato fitowar amarya daga ƙofa zuwa kosha, kujerar da aka ƙawata mata a kan dandamali. Tafiyar ba ta da nisa, amma babu amarya biyu da ke yin ta iri ɗaya. Wata riga ta harɗe ta, wata ta hango uwarta ta tsaya tana kuka, wata tsoro ya sa ta sauri kamar ana korar ta. Fatsuma na cikin zaure tana gani, sai ta sauya bugun bandirinta, shi kuma yana ji ta lasifika a ɗakinsa. In amarya ta tsaya, hannun hagu ya ci gaba da taka mata a hankali, dama ya shiga kewaye-kewayen da ya koyo a Jidda, har ta sake ɗaga ƙafa, ba wanda ya lura an jira ta. Org ɗin yana da maɓallin da ke buga ganga da kansa. Sauran makaɗa da shi suke aiki. Mukhtaru ya liƙe nasa da salatif tun satin da ya saye shi, ya ce shi ba zai bar inji ya gaya wa 'yar mutane yadda za ta yi tafiya ba.

Mata ba su san sunan kiɗan ba. Cewa suke yi a ɗauko ƙanen Fatsuma, mai hannun hagun nan. A waɗannan shekarun ba a ɗaukar kayan kiɗa a fili, shi ya sa org ɗin ya yi yawon garin nan a cikin bargo, an sha tambayarsa ko gawar wa ya ɗauko. Malaman unguwa sun yi masa nasiha, ya saurara da ladabi, ya yi salla a sahunsu, ranar Alhamis, daren bukukuwa, ya saɓa kayansa.

Ya auri Rumasa'u, suka haifi Abdulilah, sannan Nuha. Nuha na da shekara huɗu ta gangaro daga matakalar unguwa, ƙugunta ya karye, ɗorin bai zauna daidai ba. Ta tashi ƙafar hagu ta ɗan gaza ta dama. Takunta ya zama ɗaya dogo, ɗaya gajere. In tana hawowa daga makaranta Mukhtaru yana jin ta tun daga ƙasa, kuma wata rana hannun hagunsa ya bi takun da kansa: dogo, gajere, dogo, gajere. Sai ya ga ai wannan shi ne rangajin da tsohon Asmara ya sha wahalar cusa masa. Kiɗan bai da suna. A gida ana ce masa "Nuha ta dawo", kuma bai taɓa fita da shi biki ba.

Daga baya abubuwa suka zo a jere. Fatsuma ta rasu. Aka rushe gefensu na Nakkasa, suka koma haya a unguwar Rusaifa. Ɗakunan biki suka koma ɗaukar 'yan mata masu kwamfuta, waɗanda ke zama a cikin zauren su kunna zaffar da aka riga aka naɗa. Mukhtaru ya buɗe ɗan shagon gyaran lasifika a Mansur, ba nisa da inda tukubar ubansa take a da. Org ɗin na nan a bayan kanta, yana taɓa shi bayan la'asar. Abin da ke ba shi dariya shi ne yanzu ana shirya wasan jaz a manyan dandamali a Jidda, har Abdulilah na zuwa da abokan aikinsa yana ɗora hotuna, amma bai taɓa gaya wa ko ɗayansu abin da ubansa ke yi ba.

Da Mish'al, wani mai harhaɗa magunguna a asibitin da Nuha ke aiki, ya nemi aurenta, Abdulilah ne ya yi magana da danginsa. Ya ce musu mahaifinsu mai shagon kayan lantarki ne. Ranar ɗaurin aure wani baffan ango, don jan hira, ya tambayi Mukhtaru yaya kasuwar lantarki.

"Wannan na cefane ne," in ji Mukhtaru. "Sana'ata kiɗa. Ni ne mai org, ƙanen Fatsuma mai waƙa, Allah ya jiƙanta. Ka tambayi matan gidanku."

Abdulilah ya sunkuyar da kai har aka tashi.

Bayan kwana biyu saƙo ya zo daga Mas'uda, uwar ango: an riga an ɗauki mai kwamfuta, kada Abu Abdulilah ya wahalar da kansa. Rumasa'u ta roƙe shi ya bar maganar. Shi kuwa abu ɗaya ke damunsa. Ya san zaffar nan ta naɗi, bugunta daidai yake kamar agogo, kuma 'yarsa ba ta taɓa tafiya kamar agogo ba. A kan wannan bugun, duk takun da ta yi sai ya nuna, a gaban dangin miji, a ranar da kowa ita yake kallo. Ya sa farar riga ya tafi gidan da kansa.

Mas'uda ta yi masa magana ta bayan ƙofar falo, a ɗan buɗe. Ita ma jikar Hausawa ce, amma da Larabci ta fara, sai da ta ji ya nace da Hausa sannan ta sauko. Ta ce ba raini ba ne, tana da baƙi daga Jidda da Ɗa'if, mutanen da ba su saba da irin wannan ba. Ya tambaye ta wa ya yi mata zaffa ranar nata auren.

"Kai ne," in ji ta. "Shi ya sa. Rabin matan da za su zo sun san hannunka. Kana taɓawa za su gane 'yar wa ɗana ya ɗauko."

"To su gane mana, Ummu Mish'al. 'Yar tawa ce ai, ba tsintar ta aka yi ba."

Ta ce ita dai ta faɗi nata. Ya ce shi ma ba zai yi mata ɓoye-ɓoye ba: ranar biki zai kasance a ɗakin bayan bango da org ɗinsa, a kunne. Ba zai taɓa wayar kowa ba. In an kira shi ya kaɗa, in ba a kira ba ya zauna, ya saba zama.

A gida Abdulilah ya ce Baba na neman kashe wa Nuha aure saboda wani tsohon akwati. Mukhtaru ya ce da wannan akwatin aka saya masa takalmin makaranta, kuma bai ji ya ce yana matsa masa ba. Nuha tana gefe tana ninke kaya. Mukhtaru bai tambaye ta ba, don ya san in ya tambaya za ta ce to saboda shi.

Ranar biki ya riga kowa zuwa. Ɗakin da ya sha zama a ciki an mayar da shi ma'ajiyar kujeru, sai da ya fitar da wasu kafin ya sami inda zai kafa org. Wayar tana nan a jikin bango, ƙura ta rufe ta. Tsohon tarhon cikin gida ma yana rataye. Mai kwamfutar sunanta Hanan, 'yar ɗaya daga cikin masu bandirin Fatsuma ce. Ta aiko a gaishe shi, ta ce ta jona wayarsa amma a rufe take, ita umarnin uwar ango take bi. Ya ce haka ya kamata.

Ya zauna a kan kujera mai ƙafa ɗaya a lanƙwashe, hannuwa a gwiwa. Ta bango yana jin hayaniyar mata, ƙarar faranti, kukan wani jariri. Aka daɗe. Sannan hayaniyar ta lafa, zaffar naɗi ta tashi, bugunta tsaf. Ya ƙirga wa Nuha taku a ransa ba da son ransa ba, yana jin inda kowanne zai saɓa da bugun. Ba guɗa. Waƙar ta yi nisa, ba guɗa. Aka tsayar, aka sake daga farko. Ta sake yin nisa, sai ƙus-ƙus ke ƙaruwa. Aka kashe.

Daga baya Rumasa'u ta ba shi labari. An buɗe ƙofa, haske ya sauka a kan Nuha, ta tsaya cak da furenta a hannu. Ƙawaye suka ɗan tura ta, ba ta motsa ba. Mas'uda ta taso da kanta ta tambaye ta lafiya. Nuha ta ce lafiya lau, Umma, babana nake jira.

Tarhon bango ya yi ƙara. Muryar Hanan ce.

"Ammu, an ce a buɗe maka. Bismillah."

Bai tambayi wa ya ce ba. Ya goge tafin hannu a riga. Babu Fatsuma, babu bandiri, ba mai gaya masa komai. Ya sa hannun hagu shi kaɗai, ƙasa-ƙasa: dogo, gajere, dogo, gajere, kamar ana hawowa matakalar Nakkasa da jakar makaranta. Ya bar shi ya yi ta tafiya kafin dama ya shigo. Can cikin zaure wata tsohuwa ta ambaci sunan Fatsuma da ƙarfi, har ya ji ta bango. Sai tafi ya kama, ba a kan agogo ba, a kan rangajin, zaure guda na karkata dogo da gajere. Bai san inda Nuha ta kai ba, don haka bai nufi ƙarshe ba. Ya yi ta kewayawa, yana fita yana dawowa, yatsun da suka fara ciwon sanyi suna zafi, har guɗa ta fashe ta ko'ina. Nan ya sauke hannayen biyu tare.

Lokacin da maza na kusa ke shiga ɗaukar hoto, Abdulilah ya leƙo ɗakin ya ce ana jiransa. Rigar Mukhtaru ta jiƙe, ƙurar kujeru ta ɓata masa gwiwa. Ɗan ya miƙa masa mishlah ɗinsa, alkyabbar da ya aro don bikin, ya ce ya rufa. Mukhtaru ya ce a'a, haka zai shiga.

Karo na farko ke nan da ya taka zauren. Mata sun rufa, sai idanu. Ya ga ashe tafiyar daga ƙofa zuwa kosha ta fi yadda ya zata tsawo, ya tsaya yana auna ta da ido har Nuha ta kira shi.

Mas'uda har yau gaisuwarta ba ta wuce kalma biyu, kuma ta bakin Rumasa'u take aiko ta. Mukhtaru bai nemi ƙari ba. Satin da ya biyo baya ya ciro org daga bayan kanta ya kafa shi a bakin shago, yana fuskantar titi, tsakanin mai sayar da fura da mai ɗinkin jallabiya. Bargon kuwa ya ba Rumasa'u, ya ce ta yanka ta yi tsumman goge ƙasa.